Tsami ko Kanwa: Nazari kan Dafa Jan Kabeji a Matsayin Mahaɗi a Gidajen Yakité ta Bangui da Ƙasar Hausa

Tsakure

Maƙalar nan ta dubi yadda ake sarrafa jan kabeji ya zama mahaɗin abinci mai sauƙi a gida. Ta ɗauki unguwar Yakité da ke Kilomita Biyar a birnin Bangui a matsayin fagen tattaunawa, tana waiwayen Kano, Jos da Maraɗi. An ɗauko bayanan sinadaran abinci da ilimin launin tsirrai, aka auna su da dabarun girkin da matan Hausawa suka gada. Hujjar maƙalar ita ce gurbin jan kabeji yana wajen zoɓo da kwaɗo, inda tsami ke aiki, kuma al'adu biyu masu amfani ga sauran ganyaye, wato jefa kanwa da doguwar dahuwa, su ne ke kashe masa launi da gardi da bitamin.

Muhimman kalmomi: jan kabeji, kanwa, tsamiya, antosayanin, Yakité

1. Gabatarwa

Yakité tana cikin gunduma ta uku ta Bangui, a yankin da aka fi sani da Kilomita Biyar ko PK5. Yankin ne cibiyar kasuwancin birnin, nan ne kuma babban masallacin da Fafaroma Francis ya ziyarta ranar 30 ga Nuwamba, 2015, lokacin da rikicin da ya ɓarke a ƙarshen 2013 ya mayar da yankin tamkar tsibiri. Da yawa daga mazauna wurin zuriyar fatake ne da 'yan kasuwa: Hausawa, Fulani, Barebari, Larabawan Chadi da mutanen Afirka ta Yamma. Saboda haka madafin gida a nan ya gaji hannu biyu. Akwai hannun arewa, na tuwo da miyar kuka da kuɓewa, mai tafiya da kanwa da daddawa da tsamiya. Akwai kuma hannun bakin kogin Ubangi, na tuwon rogo da ake kira gozo, da miyar ganyen rogo ngunza, da ganyen koko.

Duk sabon ganyen da ya shigo irin wannan madafi, da ɗaya daga cikin hannuwan nan biyu za a tarbe shi. Tambayar da maƙalar ke son amsawa ita ce: wace dabara daga cikin waɗanda uwargida ta riga ta iya ce ta dace da jan kabeji, wace ce kuma ke cutar da shi, kuma me ya sa?

2. Kabeji da hanyar zuwansa

Jan kabeji da farin kabeji jinsi ɗaya ne, wanda masana tsirrai ke kira Brassica oleracea, asalinsa kuma gaɓar tekun Turai da Bahar Rum. Shuka ce mai son sanyi, ta fi ƙulla kai da kyau idan zafi na tsakanin digiri 15 zuwa 20. Shi ya sa a Nijeriya tudun Jos, mai tsayin kimanin mita 1,200, ya yi fice wajen nomansa, Kano da Zariya kuma sai da hunturu a lambunan rani. A Nijar, kabeji ya bazu ne sosai bayan farin 1984, sa'ad da gwamnatin Seyni Kountché ta matsa wa jama'a su rungumi noman rani; yau dambun kabeji ba baƙon abinci ba ne a Maraɗi da Damagaram. Bangui kuwa gari ne na kwari mai zafi da laima, kuma yawancin kayan da ke shigowa daga waje suna biyo hanyar Douala ta Garoua-Boulaï da Bouar, tafiyar fiye da kilomita 1,400.

Farin kabeji shi ne ya cika kasuwannin yankin baki ɗaya. Jan ya fi ƙaranci da tsada, an kuma fi ganinsa a yanke siri-siri a kan salak na biki, ana yi masa kallon ado. A ganina an rage masa daraja. Kansa ya fi na fari tauri da matsewa, yana iya kwana da kwanaki a inuwa ba tare da firji ba muddin ba a yanka shi ba, kuma wannan ba ƙaramin abu ba ne a unguwar da wutar lantarki ke zuwa tana ɗaukewa. Jadawalin Ma'aikatar Noma ta Amurka ya nuna giram 100 na ɗanyen jan kabeji na ɗauke da miligiram 57 na bitamin C, na fari kuma kimanin 37. Abin da Hukumar Lafiya ta Duniya da Hukumar Abinci da Noma suka ƙayyade wa baligi a rana miligiram 45 ne. Bitamin C kuma yana taimaka wa hanji tsotsar sinadarin ƙarfe daga wake da hatsi, abin da ya shafi mata masu ciki da yara kai tsaye.

3. Abin da ke ba shi launi

Launin jan kabeji daga wani rukunin sinadarai yake da ake kira antosayanin, sunan da Bajamushe Ludwig Marquart ya raɗa a 1835. Richard Willstätter, wanda ya samu kyautar Nobel a 1915 kan launukan tsirrai, yana cikin waɗanda suka fara warware ƙirarsu. Halinsu da ya dame mu a nan guda ne: suna sauya kama gwargwadon tsami ko kaifin kanwa na ruwan da suke ciki. Tun 1664 Robert Boyle ya bayyana yadda ruwan wani fure ke ja a cikin tsami, ya koma kore a cikin ruwan toka. A ma'aunin pH da Sørensen ya fito da shi a 1909, ruwan jan kabeji ja ne jawur a wajen 2, ya koma ruwan hoda mai duhu a wajen 4, shuni mai ja-ja a wajen 7, shuɗi a wajen 8, kore a wajen 10, daga nan sai rawaya.

Bahaushiya ba ta buƙatar ɗakin gwaji kafin ta gane wannan, domin ta daɗe tana ganinsa a tukunyar zoɓo. Jan zoɓo ma antosayanin ne. Duk wadda ta taɓa jefa ƙwayar kanwa a zoɓo don rage masa tsami ta ga yadda ya yi duhu nan take, ta kuma ga yadda matsin lemun tsami ke dawo masa da haske. Bambancin shi ne zoɓo da tsaminsa yake zuwa, shi ke kare launinsa. Jan kabeji ba shi da wannan garkuwa, sai abin da mai girki ta ba shi.

4. Kanwa

Kanwa tsohuwar haja ce. Paul Lovejoy, a littafinsa na 1986 kan gishiri da kanwa a Sudan ta Tsakiya, ya nuna yadda fatake suka riƙa ɗauko ta daga ƙasar Manga da gaɓar tafkin Chadi suna kai ta nesa ƙwarai, kuma duk inda Hausawa suka kafa zango, da ita suka sauka. Asalin sinadarinta sodiyam kabonet ne da sodiyam baikabonet, ruwanta kuma yakan kai pH 9 zuwa 11. Aikinta a madafi sananne ne: tana sa wake ya nuna da wuri, ta ƙara wa kuɓewa da karkashi yauƙi, ta kashe tsamin yakuwa da tumatir, ta kuma riƙe koren ganye, domin kulorofil yana son kanwa, tsami ne ke dusar da shi. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da ya zama kuskure. Matsalar ita ce hannu ya saba, har ya zama ana jefa ta kusan a duk tukunyar da ganye ya shiga.

A tukunyar jan kabeji, ita ce kanwa uwar gami a zahiri. Da farko launi ke tafiya, ya koma shuɗi-shuɗi, sannan kore mai toka-toka wanda yara ke gani su ture kwano. Idan kanwar kaɗan ce kuma ba a jima ba, ɗan ruwan tsami na iya dawo da jan; idan ta yi yawa ta kuma haɗu da zafi mai tsawo, ƙwayar launin kan rushe, ba ta sake haɗuwa. Sai kuma jikin ganyen: kanwa tana kwance pektin, wato danƙon da ke riƙe ƙwayoyin ganye wuri guda, kabejin ya saki ya zama lugub. Ga wake wannan alheri ne, ga mahaɗin da ake so ya yi ƙaras-ƙaras a baki kuwa asara ce. Ɓarnar da ta fi muni ita ce wadda ido ba ya gani. Bitamin C da bitamin B1 suna saurin lalacewa a ruwan kanwa mai zafi, kuma babu lemun tsamin da zai dawo da su. Mai gida ya sayi kabejin da tsada, an cinye, amma abin da ya fifita shi a kan fari ya riga ya salwanta a tukunya.

Akwai kuma 'yan uwan kanwa da ke shigowa ba a lura ba. Ruwan toka da sodar burodi irin aikinta suke yi. Daddawa ma ta ɓangarenta take, domin ruɓewar kalwa kan tura pH ɗinta sama da 7. Kaɗan ba ta komai idan akwai tsami a tukunyar. Farin ƙwai ma ɗan uwan kanwa ne, shi ya sa idan aka fasa ƙwai a kan jan kabeji ake ganin kore-kore a gefensa. Ruwan rijiya mai gartsi yana iya shuɗantar da shi. Tukunyar baƙin ƙarfe da ta sanholo, da wuƙa mai tsatsa, suna sakin ƙwayoyin ƙarfe da ke kama launin su dusar da shi, don haka tukunyar silba ko ta ƙasa ta fi.

5. Doguwar dahuwa

Al'ada ta biyu daga hannun kogi take. Ganyen rogo yana da dafin sayanaid, dole ne a daka shi a kuma dafa shi sosai kafin a ci. Wadda ta koyi ngunza ta koyi haƙuri da wuta, kuma haƙurin nan rai yake karewa. Kabeji ba shi da wannan dafi. Abin da yake da shi sinadarai ne masu farar wuta, waɗanda idan dahuwa ta yi tsawo suke fashewa su saki warin nan da ke cika gida. Bitamin C da antosayanin kuma duka suna narkewa a ruwa, saboda haka tafasawa a tsiyaye daidai yake da zubar da su a rariya. Gajeruwar dahuwa tana kuma rage gawayi, wanda ke cin kaso mai kauri na kuɗin cefane a Bangui kamar yadda yake a Kano.

6. Tsarin dahuwar da nazarin ya kai gare shi

Daga abin da ya gabata, ga tsarin da muke ganin ya dace da gida mai mutum 4 zuwa 5. A samu rabin kan jan kabeji, kimanin giram 500, a ɓare ganyen waje, a wanke kafin a yanka, domin wankin bayan yanka yana tafiya da launi. A yanka siri-siri dab da ɗorawa. A soya albasa babba 1 a man gyaɗa cokali 2 har ta yi laushi, a zuba attaruhu da tafarnuwa gwargwadon bakin gida, sannan kabejin da gishiri. A juya na minti 2 ko 3 har ya fara risina, sai a zuba jiƙaƙƙiyar tsamiya da aka tace, cokali 3, a rufe, a rage wuta. Ba a ƙara ruwa. Wanda ke jikinsa ya isa. Cikin minti 8 zuwa 10 ya yi.

Lokacin zuba tsamin yana da dalili. Tsami yana ƙarfafa pektin, idan aka zuba shi tun ganyen na ɗanye sai dahuwar ta yi nawa. Idan aka bari sai ƙarshe, launin ya riga ya fara dushewa. Na fifita tsamiya a kan lemun tsami don tana da ɗan zaƙi da ke rufe ɗacin kabeji, ƙamshinta kuma ba ya gudu a wuta. Jamusawa da ruwan inabi mai tsami da tuffa suke yin wannan aiki, tsamiya kuwa ita kaɗai ta haɗa abin da biyun ke bayarwa. In lemun tsami ne a hannu, a raba shi, rabi a wuta, rabi bayan an sauke. Wanda ke son ya karkata zuwa kwaɗo sai ya barbaɗa dakakken ƙuli-ƙuli a ƙarshe. Yana tafiya da shinkafa da wake, da dambu, da gasasshen kifi da gozo. Idan waken da kanwa aka dafa shi, a zuba mahaɗin a gefe, kada a cakuɗa a tukunya.

7. Ɗanye ko dafaffe

Za a iya cewa: tun da zafi na rage bitamin, me zai hana a ci shi ɗanye a kwaɗo? Ta fuskar sinadari maganar daidai ce. Amma ganyen birni ba a raba shi da tarihin ruwan da ya sha. A Kano an daɗe ana ban ruwan lambuna da ruwan Jakara, wanda ke ɗauke da dattin gidaje da na masana'antu, kuma irin wannan noma na bakin magudana ya zama ruwan dare a biranen Afirka. A kasuwa ma ana yayyafa wa ganye ruwan da ya samu don kada ya yi yaushi. Wanki da ruwan gishiri yana rage datti, amma ba ya kashe duk ƙwayoyin cutar gudawa da taifot, ba ya kuma gamawa da ƙwan tsutsar ciki. Zafin minti 10 a rufaffiyar tukunya yana yin wannan, kuma da yake ba a tsiyaye ruwa ba, ga tsami na kare bitamin C, abin da aka rasa bai kai na tafasa ba. Zafi dai ba ya cire gubar ƙarfe da shuka ta tsotsa daga gurɓataccen ruwa, wannan sai a wajen saye ake kauce masa, ta hanyar sanin lambun da kaya ya fito. A gidan da ke da ƙananan yara, mai ciki ko tsoho, musamman da damina, dafaffen shi ya kamata a sa a gaba, a bar ɗanyen kwaɗo ga kabejin da aka san ruwan da ya sha.