Diyya

diyya, suna, mace (daga Larabci). 1. Dukiyar da ake biyan wanda aka yi wa rauni, ko magadan wanda aka kashe. 2. Kuɗin da gwamnati ke biyan wanda ta karɓe wa fili ko gona don aikin jama'a, kamar hanya ko madatsar ruwa. A Najeriya, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna, don haka ba a biyan kuɗin ƙasar kanta. Abin da ke kanta ake ƙiyastawa: gini, rijiya, shuka, itatuwa irin su mangwaro da ɗorawa. Mai fili fetal kuwa, sau da yawa yakan tashi a tutar babu. Misali: Tun bara aka ƙirga masa bishiyoyi, amma diyya shiru.