E = hf: Lissafin Da Muka Haddace Ba Mu San Asalinsa Ba

Malamanmu da 'yan'uwa tsofaffin ɗalibai, duk wanda ya zauna ajin kimiyya ba zai manta da E = hf ba. Mun haddace shi don jarrabawa, muka wuce, ba tare da mun tambayi inda ya samo asali ba. To, ga tarihinsa a taƙaice.

Maganar ta faro ne daga abin da kowane maƙeri ya sani: ƙarfe in ya sha wuta sai ya yi ja, in zafi ya ƙaru ya koma rawaya, daga nan ya yi fari. Masana sun auna wannan haske, amma lissafinsu ya ƙi dacewa da awon. Ranar 14 ga Disamba, 1900, wani shehun malami a Berlin ta ƙasar Jamus, Max Planck, ya kawo mafita. Ya ce abu mai zafi yana fitar da kuzarinsa ne ƙulli-ƙulli, kamar kayan 'yan koli. Girman kowane ƙulli (E) shi ne yawan kaɗawar hasken a daƙiƙa ɗaya (f) sau wata 'yar lamba (h). Shi kansa Planck ya ɗauki abin dabarar lissafi ce kawai.

A 1905 sai ga wani ma'aikacin gwamnati irinmu, ɗan shekara 26, a ofishin rajistar ƙere-ƙere na Bern a Suwizalan, wato Albert Einstein. Ya ce haske kansa ƙulli-ƙulli yake tafiya. Da haka ya warware wata matsala da Philipp Lenard ya gano a 1902, cewa in aka haska ƙarfe, launin hasken ne ke ƙayyade kuzarin ilektron da ke fita. Ƙarfinsa adadinsu kawai yake ƙarawa.

Bari mu gwada. Koren haske yana kaɗawa kimanin sau 6 × 10¹⁴ a daƙiƙa, h kuwa 6.63 × 10⁻³⁴ ce. In ka ninka su za ka sami kusan jul 4 × 10⁻¹⁹, watau ilektron-bolt 2.5. Tutiya tana bukatar kimanin 4.3 kafin ta saki ilektron ɗaya. Saboda haka ko ka yini kana haska ta da koriyar fitila, ba abin da zai fita, sai an kawo hasken da ya zarce shuɗi, wanda ido ba ya gani. Kamar jifan mangwaro ne: tsakuwa ɗari ba ta kaɗo abin da dutse ɗaya zai kaɗo.

Manya ba su yarda da wuri ba. A 1913, lokacin da Planck da abokansa ke neman a shigar da Einstein Majalisar Masana ta Prussia, sun roƙi a yi masa uzuri kan wannan ra'ayi. Robert Millikan na Amurka ya shafe kusan shekara goma yana gwaji da zaton zai ƙaryata shi. Amma gani ya kori ji: sakamakon da ya buga a 1916 ya gaskata lissafin, bai kuwa ɓoye ba. Planck ya sami kyautar Nobel ta 1918, Einstein ta 1921, Millikan ta 1923. Sunan foton kuwa Gilbert Lewis ne ya yaɗa shi a 1926.

Farantin sola da ke kan rufin gidajenmu da wannan ƙa'ida yake aiki, kuma daga 20 ga Mayu, 2019, da lambar h ake ƙayyade nauyin kilo a duniya.

Shawarata ga ƙungiyarmu ita ce mu taimaka wa ɗakin gwaje-gwajen makarantarmu da kayan aiki, domin ƙannenmu su gwada da hannunsu abin da mu muka haddace da ka.