Gasar BAL: yadda shugabanci ke raya ƙwallon kwando, da inda Najeriya ta tsaya

BAL gasa ce ta ƙwararrun ƙungiyoyin ƙwallon kwando na Afirka, wadda hukumar NBA ta Amurka da hukumar ƙwallon kwando ta duniya, FIBA, suka kafa tare. An sanar da kafa ta a Fabrairun 2019, amma annobar korona ta jinkirta ta har zuwa Mayun 2021, lokacin da ƙungiyoyi 12 suka fafata a Kigali, Zamalek ta Masar ta ɗauki kofi. Shugabanta shi ne Amadou Gallo Fall, ɗan ƙasar Senegal. Tarihinta ya nuna cewa hazaƙar 'yan wasa ba ta isa ta ɗaukaka gasa, sai an sami shugabanni masu tsari da riƙe alkawari.

Tushen tsarin

Salon da BAL ke bi ya samo asali ne daga David Stern, wanda ya shugabanci NBA daga 1984 zuwa 2014. Ya karɓi gasa mai fama da ƙarancin kuɗi da zubewar mutunci, ya aiwatar da ƙa'idar iyakance albashi don kada ƙungiyoyi masu hali su danne na ƙasa, sannan ya mayar da hankali ga sayar da haƙƙin nuna wasanni a talabijin na ƙasashen waje. A shekarar da ya hau, Houston Rockets ta zaɓi Hakeem Olajuwon, haifaffen Legas, a matsayi na farko cikin sababbin 'yan wasa. Zuwan taurarin NBA gasar Olamfik ta Barcelona a 1992 ya ƙara buɗe mata kasuwar duniya. Kafin Stern ya sauka, ana kallon wasanninta a ƙasashe sama da 200.

Magajinsa, Adam Silver, ya faɗaɗa aikin a Afirka mataki-mataki. NBA ta riga ta buɗe ofishi a Johannesburg a 2010 ƙarƙashin Gallo Fall. A 2017 aka kafa makarantar horar da matasa a Senegal, a 2021 aka kafa kamfanin NBA Africa da jarin 'yan kasuwa, ciki har da Tunde Folawiyo na Najeriya, sannan aka buɗe ofishin Legas a 2022. Wato an shafe shekara goma ana share fage kafin a jefa ƙwallon farko.

Gudummawar Arewa

Arewacin Najeriya na da hannu a wannan tafiya. Masai Ujiri ya tashi a Zariya, a can ya koyi wasan a hannun koci Oliver Johnson. Ya zama gwarzon jami'in gudanarwa na NBA a 2013, kuma a ƙarƙashin jagorancinsa Toronto Raptors ta ci kofi a 2019. Gidauniyarsa, Giants of Africa, tana horar da matasa tun 2003. A Kano kuwa, ƙungiyar ƙwallon kwando ta Kano Pillars ta sha lashe gasar ƙasa, ta kuma zo ta uku a gasar zakarun ƙungiyoyin Afirka a Alƙahira a 2016.

Rikicin cikin gida

Duk da haka, rabuwar kai ta ci gasar Najeriya. A Yunin 2017 aka yi zaɓe biyu na shugabancin hukumar ƙwallon kwando ta ƙasa, NBBF: na Kano ya bai wa Tijjani Umar nasara, na Abuja ya fitar da Musa Kida. Gasar cikin gida ta shiga tangal-tangal, masu ɗaukar nauyi suka ja baya. A Janairun 2022 aka maimaita: Kida a Benin, Igoche Mark a Abuja. A Mayun shekarar gwamnatin tarayya ta janye ƙasar daga gasannin duniya na shekara biyu. Ko da yake an soke matakin bayan 'yan makonni, bakin alƙalami ya riga ya bushe, domin an miƙa wa Mali gurbin D'Tigress a gasar cin kofin duniya ta mata. A BAL ta 2022 ma babu ƙungiyar Najeriya ko ɗaya. Da Rivers Hoopers ta koma, ta zo ta uku a 2024.

Abin da ke cikin hatsari

Galibi zakaran gasar ƙasa ne ke wakiltar Najeriya a BAL. Saboda haka duk shekarar da gasar ta tsaya, hanya ta toshe tun daga tushe. Matashin da ya fara jefa ƙwallo a makarantar sakandare a Yalwa, ko Rano, ko Kibiya, sai ya bi ta Kano, ya sami ƙungiya, ƙungiyar ta sami gasa mai jadawali tsayayye, kafin masu farautar 'yan wasa su gan shi.

Abubuwan da suka raya NBA da BAL a bayyane suke: hukuma ɗaya da kowa ya amince da ita, jadawalin da ba ya sauyawa da sauyin shugabanni, kwantiragin talabijin, da jarin 'yan kasuwa maimakon dogaro da baitulmalin jiha kaɗai. Su ne ma'aunin da ya kamata a ɗora duk mai neman shugabancin NBBF a kai.