Daga Ƙirgen Gawa Zuwa Awon Hali: Yadda Wasannin Tsoro Suka Samu Ƙarshe Fiye Da Ɗaya

Tatsuniya ƙarshenta ɗaya ne. Ko sau nawa kaka ta ba ka labarin Gizo da Ƙoƙi, inda ta dire jiya nan za ta dire yau, ta ce ƙurunƙus, kowa ya nemi makwancinsa. Fim ma haka yake, ko ka maimaita faifan sau goma wanda ya mutu ba zai tashi ba. Amma akwai wani nau'in wasan bidiyo, wanda muke ce wa gem, da mutum biyu za su sa faifai iri ɗaya, su bi tituna ɗaya, su kashe dodanni ɗaya, sai wannan ya ga jarumin ya fice daga garin da ƙafarsa, wancan kuma ya ga ya tuƙa mota ya afka cikin tafki. Wasannin tsoro da neman tsira nake nufi, waɗanda harsashinka kaɗan ne, maganinka kaɗan ne, gudu ya fi faɗa amfani. Wanda bai buga Silent Hill 2 ba kuma yana da niyya, gara ya tsaya a nan, don zan fasa ƙwai.

Mu da muka tashi a Zangon Tamale, ba ta irin waɗannan wasanni muka san PlayStation ba. Gidan gem wurin ƙwallo ne da dambe: ka biya kuɗin wasa ɗaya, a ci ka, ka miƙa hannun gem ga na bayanka. Wasan da ke cin sa'o'i takwas ko goma ba shi da gurbi a wurin da ake jiran layi. Sai mai na'ura a ɗakinsa, yawanci kwance ce da ta biyo ta Kumasi, da katin ajiya, da haƙuri. Ga kuma wuta. A 2006 da 2007, da ruwan madatsar Akosombo ya ja baya aka shiga rabon lantarki, mutum kan yi sa'a biyu yana fama bai ajiye ba, a ɗauke wuta, ya koma inda ya fito. Saboda haka waɗanda suka kai ƙarshe 'yan tsiraru ne, kuma sau ɗaya kowannensu ya kai. Na sha zama inda biyu daga cikinsu ke musu, kowa na rantsuwa abin da ya gani da idonsa shi ne gaskiya, ɗan'uwansa ƙarya yake shararawa. Dukkansu gaskiya suke faɗa. Abin da ba su sani ba shi ne wasan ne ya zaɓa wa kowa nasa, kuma wannan dabara tana da tarihi.

Mafarinta a Japan ne, a 1989, da wani wasa na kamfanin Capcom mai suna Sweet Home, wanda Tokuro Fujiwara ya jagoranta a kan na'urar Famicom ta Nintendo. Mutum biyar ne suka shiga gidan wani mai zane da ya daɗe a rufe don su ɗauki fim a kan zane-zanensa, fatalwa ta kulle su a ciki. Duk wanda ya mutu a cikinsu ya mutu ke nan, babu maganin tayar da shi. Ƙarshen wasan biyar ne, kuma lissafin a fili yake: mutum nawa suka fito da rai? Ƙirgen gawa ne kawai. Ba a taɓa sayar da wasan a wajen Japan a hukumance ba, amma kusan duk abin da ya biyo baya daga tsatsonsa ya fito.

Clock Tower na 1995 ya ƙara yawan ƙarshen zuwa tara, ya kuma sa ɗan mugunta a ciki. Yarinya marainiya, Jennifer, za ta iya samun makullin mota tun da wuri ta tsere ta bar ƙawayenta a gidan. Wasan zai ƙyale ta. Sai tana cikin tuƙi mai ƙaton almakashin da ke farautarta ya taso daga kujerar baya.

A watan Maris na 1996 Capcom ya fitar da Resident Evil, wanda Japanawa suka sani da Biohazard, Shinji Mikami ne darakta, Fujiwara kuma furodusa. Wannan ne ya kai salon duniya, kuma a tallarsa ne aka raɗa masa sunan da ake kiransa da shi har yau. Ko ajiye inda ka tsaya ba kyauta ba ne, sai ka samu ƙyallen tawada ka sa a tafireta. Ƙarshen kuwa har yanzu ƙirge ne. In da Jill Valentine kake wasa, tambayar ita ce ko Barry ya rayu, ko ka buɗe wa Chris kurkukun da aka kulle shi. In da Chris Redfield ne, Rebecca da Jill ne a wuyanka. Abin dariyar shi ne, da aka zo ci gaba da labarin a wasannin baya, sai kamfanin ya ɗauka duka huɗun sun tsira, alhali babu wata hanya a wasan farko da za ta ba ka Barry da Rebecca tare a jirgin da ya kwashe su. Wato ƙarshen da kamfani ya hatimce babu ɗan wasan da ya taɓa ganinsa. Wannan kaɗai ya isa ya sanyaya gwiwar masu neman a faɗa musu wane ne na gaskiya.

Konami ya shigo fagen a 1999 da Silent Hill, ƙarƙashin Keiichiro Toyama. Harry Mason ya yi haɗarin mota, ya farka ya nemi 'yarsa Cheryl ya rasa, ya shiga garin da hazo ya rufe. Hazon nan asalinsa rufin asiri ne, na'urar ba ta da ƙarfin zana gine-gine masu nisa sai aka lulluɓe su, ya zama shi ne abin da ya fi komai ban tsoro. Wanda ya taɓa fita da sassafe a Tamale cikin hunturu, yana jin ƙarar babur bai ga mai shi ba, ba ya buƙatar bayani. Ƙarshe biyar ne, ɗaya daga ciki na raha ne inda wasu halittu daga sararin samaniya ke sace Harry. Sauran huɗun sun rataya ne a kan abubuwa biyu da wasan bai taɓa ce maka ka yi ba: ko ka ɗebi wani jan ruwa da ya zube a ƙasa a asibiti, wanda da shi ne za ka ceci 'yar sanda Cybil maimakon ka kashe ta, da ko ka ratse hanya ka bi sawun likita Kaufmann. Wanda bai yi ko ɗaya ba, abin da zai gani a ƙarshe shi ne Harry a mace a cikin motarsa. An fara matsawa daga ƙirge zuwa lura, amma har yanzu abu ne na ka ɗauka ko ba ka ɗauka ba.

A watan Satumba na 2001 ne aka canja tambayar gaba ɗaya. Silent Hill 2 ya fito a PlayStation 2, Masashi Tsuboyama ne darakta, Hiroyuki Owaku ya rubuta labarin, Masahiro Ito ya ƙera dodannin, Akira Yamaoka ya yi sauti. James Sunderland ya samu wasiƙa daga matarsa Mary tana cewa tana jiransa a garin, shi kuwa ya ce ta shekara uku da rasuwa. A can ya haɗu da Maria, wadda kamarsu ɗaya da Mary sai dai tana da lafiya da kwarkwasa, da Angela mai yawo da wuƙa, da wata yarinya 'yar shekara takwas, Laura, wadda ta san Mary a asibiti a lokacin da James ke cewa tana kabari. A ɗaki mai lamba 312 na otal ɗin Lakeview ya kalli wani kaset ya ga kansa. Mary ba shekara uku ta yi da mutuwa ba, doguwar jinya ta yi, cutar ta cinye jikinta ta ɓata halinta, kuma James ne ya danne ta da matashin kai. Kafin a kai nan ma, in ka buɗe wasiƙar da ke aljihunsa za ka tarar rubutun ya ɓace, farar takarda ce.

To a nan ne hikimar take. Wasan bai tsayar da kai ya ce zaɓi tuba ko zaɓi mutuwa ba. Tun daga farko yana ta lissafa maka ƙananan abubuwa a ɓoye. In kana barin James da rauni yana jan ƙafa alhali akwai magani a jakarsa, an rubuta. In ka zaro wuƙar Angela kana dubawa, an rubuta. In ka tsaya ka karanta littafin wani marar lafiya da ya yanke ƙauna a kan rufin asibitin Brookhaven, an rubuta. Wanda waɗannan suka yi masa yawa, shi ne zai ga ƙarshen da suka kira In Water, wato cikin ruwa: James ya ɗauki gawar Mary, ya tuƙa mota cikin tafkin Toluca. Wanda kuwa yake shan magani da zarar ya ji ciwo, yake ciro hoton Mary da wasiƙarta yana dubawa, bai manne wa Maria ba, shi zai samu ƙarshen Leave, na tafiya: Mary ta yafe masa ta ce ya je ya rayu, ya fita ta maƙabarta tare da Laura. Na ukun na wanda ya bi Maria sau da ƙafa ne, yana kare ta daga duka, yana komawa ɗakin da ta kwanta a asibiti don ya duba ta, ya manta da hoton da ke aljihunsa. Shi zai fita da Maria. Suna isa wurin mota sai ta yi tari.

Tarin nan, a ganina, ya fi duk dodannin Ito ban tsoro.

Akwai wani dogon lungu dab da ƙarshe inda ake jin muryar Mary daga gadon asibiti. James ya kawo mata furanni, ta zazzage shi ta ce ba ta so, ta kore shi, sannan murya ta karye tana roƙonsa kada ya tafi. Kana iya rugawa ka wuce ƙofar kafin ta gama. Kana iya tsayawa ka saurara har ta dire. Wannan ma ana rubutawa. Duk wanda ya taɓa jinyar wani na tsawon watanni, ya kwana a tabarma a barandar asibiti, ya ga yadda ciwo ke sa mai haƙuri ya koma mai faɗa, ya san muryar nan. A wurinmu ana yaba wa mai jinya, ana ce masa sannu da ƙoƙari, Allah ya ba da lada, amma ba kasafai ake tambayarsa abin da ke ransa ƙarfe ukun dare ba, shi ma ba zai faɗa ba. Wasan bai wanke James ba, kisa ya yi, kuma babu ƙarshen da ya goge hakan. Abin da ya yi shi ne ya ƙi yarda cewa so da gajiya ba sa zama a zuciya ɗaya, sannan ya bar hannunka ya nuna wanne ya rinjaya.

Shi ya sa nake ganin masu neman ƙarshen gaskiya sun ɓata hanya tun daga tambayar. A Sweet Home ƙarshe sakamakon iyawarka ne. A Silent Hill 2 sakamakon halinka ne, ko aƙalla halin da ka ara wa James ba tare da ka sani ba. Ko da Silent Hill 4 ya fito a 2004 da wani dattijo mai kula da gidan haya, Frank Sunderland, wanda aka ce ɗansa da surukarsa sun ɓace a garin, bai raba gardamar ba, don mutum na iya ɓacewa a ruwa, yana kuma iya ɓacewa a wani gari da sabon suna. Ba zan ce tsarin ba shi da aibi ba. Mai rowar magani, wanda Resident Evil ya koya wa tattali, zai iya tsintar kansa a tafki alhali shi tsimi kawai yake yi. Na'ura tana ganin aiki, ba ta ganin niyya.

Wasannin da suka biyo sun ɗora a kan wannan. Silent Hill: Shattered Memories na 2009 ya fito fili ya zaunar da kai gaban likitan ƙwaƙwalwa yana yi maka tambayoyi, abin da ni nake ganin ya rage armashi, don wanda ya san ana kallonsa yakan gyara zama. A watan Oktoba na 2024 kamfanin Bloober Team na ƙasar Poland ya sake gina Silent Hill 2 daga tushe, ya ƙara ƙarshe biyu suka zama takwas. Yaran yanzu kuwa da ɗan datan waya suke kallon takwas ɗin a YouTube a zama ɗaya, sun san fiye da abin da muka sani, sai dai babu wanda aka ba su a matsayin nasu.

Saura biyu a faifan farko na 2001, kuma ba a samunsu sai an sake wasan. A ɗaya, James ya tattara wasu kayan tsafi huɗu, ya tuƙa kwalekwale da gawar Mary zuwa wani tsibiri a tsakiyar tafkin don ya tayar da ita, ba a nuna mana abin da ya tashi ba. A ɗayan kuma, bayan ka ga manyan ƙarshen nan uku, wani makulli zai bayyana a ɗakin kare a gefen titi. Ka kai shi hawa na uku a otal ɗin, ka buɗe wata ƙofa, sai ga wani ƙaramin karen Japan da abin sauraro a kunne, zaune gaban allunan talabijin yana jan maɓallai, ashe duk abin da ya faru shi ke juya shi. James ya durƙusa yana magana da Japananci, karen ya sauko ya lashi fuskarsa, sunayen waɗanda suka yi wasan suka fara hawa ana rera kiɗa da haushi.