LITTATTAFAN HANKALI DA IMANI: ABIN DA KAKANNINMU NA KATAGUM SUKA GADA

Mu 'yan ƙasar Katagum da fatauci ya kawo mu Kurmi, akwai wata magana da ke yawan tasowa a bakin rumfunanmu bayan la'asar. Yaro ya tafi jami'a, ya dawo hutu da tambayoyi a kan halittar duniya da asalin ɗan Adam, sai uba ya fusata ya ce boko ya lalata shi. Wani ma har ya cire ƙannensa daga makaranta. To, kafin mu yanke hukunci, ya kamata mu waiwayi tarihi mu ga yadda magabata suka yi da irin waɗannan tambayoyi.

Duk wanda ya zauna a makarantar Islamiyya ko ta zaure a Azare ya san Ahalari, littafin tsarki da salla. Amma kaɗan ne cikinmu suka san cewa mai littafin, Shaihu Abdurrahman al-Akhdari na ƙasar Aljeriya, shi ne kuma ya wallafa Sullam, waƙe a kan ilmin manɗiƙi, wato ƙa'idojin auna hujja da hankali, wanda asalinsa daga Yunanawa Musulmi suka karɓo shi. Haka nan Ummul Barahin ta Shaihu Sanusi, wanda ya rasu a 1490, da ita malamanmu suke koyar da tauhidi, kuma farkon darasinta shi ne hukuncin hankali kashi uku ne: wajibi, da mustahili, da ja'izi. Ashe ke nan tun a zaure aka fara koya mana aiki da hankali.

Ba wai ba a yi saɓani ba. Imamu Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya rubuta Tahafutul Falasifa yana rushe wasu maganganun masana falsafa irin su Ibn Sina, sai Ibn Rushdi na Andalus, wanda ya rasu a 1198, ya mayar masa da martani da Tahafutut Tahafut. Shaihu Magili ma, wanda ya zauna a Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, ya yi jayayya da Imamu Suyuɗi na Masar: Suyuɗi ya ce manɗiƙi haramun ne, Magili ya kare shi. Duk da alƙalami aka yi ta.

Mu dawo gida. Malam Ibrahim Zaki, wanda ya kafa Katagum kuma ya rasu a 1814, tuta ya karɓo daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo. Shi kuwa Shehu ya yi fama da wasu malaman ilmin kalami da suka wuce gona da iri, suna kafirta talakan da bai iya kawo hujjar hankali a kan imaninsa ba. Shehu ya rubuta littattafai yana yi musu raddi, daga ciki akwai Hisnul Afham, ya nuna cewa manomi da ɗan kasuwa Musulmi ne ko bai san waɗannan hujjoji ba. Wannan kariya ce ga irinmu, Allah ya saka masa.

Yaƙin Borno da Malam Zaki ya shiga, har ya ci Birnin Gazargamu, shi ma ya haifar da muhawara a rubuce. Shehu Laminu al-Kanemi ya aiko da wasiƙu yana cewa saɓo ba ya mayar da Musulmi kafiri, don me ake yaƙarsu? Muhammadu Bello ya ba shi amsa, kuma da ya zo wallafa Infaƙul Maisuri a 1812 sai ya sa maganar abokin hamayyarsa a ciki, mai karatu ya auna da kansa.

A watan Janairu na 1824 Turawa biyu daga Ingila, Kilafatin da Likita Udni, suka ratso ƙasar Katagum daga Borno. Likitan ya rasu a Murmur, Kilafatin ya zarce Kano da Sakkwato. Can ya tarar Sarkin Musulmi Bello ya san taurari da buruji, har yana yi masa tambayoyi a kan ɗariƙun Kiristoci na dā. Da ya komo a 1826 ya kawo masa littafin lissafi na Uƙlidis da Larabci, Bello ya ce ai gidansu sun taɓa mallakar irinsa, gobara ce ta cinye shi. Jikan Shehu kuma, Abdulƙadir ɗan Tafa, wanda ya rasu a 1864, ya yi rubutu a kan falsafa.

To ina muka baro wannan hanya? Mun ga abin da ya faru da aka bar ta. Muhammadu Yusuf na Maiduguri ya yi ta wa'azin haramta boko, har a 2009 ya gaya wa BBC bai yarda duniya a dunƙule take ba. Malamai irin su Shaihu Ja'afar Mahmud Adam, wanda aka kashe a Kano a 2007, sun yi masa raddi da hujja. A 2014 kuwa bama-bamai suka tashi a Azare, a tasha da kasuwa, inda 'yan uwanmu ke neman abinci.

Azare da aka mayar da gadon sarautar Katagum cikinta a 1916 ta samu kwalejin horon malamai, da babban asibitin tarayya, da jami'ar kiwon lafiya da aka kafa a 2021, ga kuma jami'ar Gadau kusa da ita. 'Ya'yanmu za su shiga, kuma za su dawo da tambayoyi. Shawararmu ita ce, idan yaro ya zo da tambayar da ta fi ƙarfinmu, kada mu kore shi, mu kai shi gun malamin da ya karanta Sanusi da Sullam. Ƙungiya kuma ta ware wani abu daga kuɗin wata-wata ta sayi waɗannan littattafai, a ajiye a makarantar Islamiyyarmu ta nan, a samo mai karantar da su ko da ranar Asabar ne. Allah ya shirya mana zuriya, ya sa mu dace, amin.