Wasiƙun Marrakush da Landan: Abin da Littattafan Tarihi Suka Gani da Abin da Suka Tsallake

A shekarar 1600 jakadan sarkin Maroko, Abdulwahid bin Mas'ud, ya isa Landan da tawagarsa, ya zauna kimanin wata shida. A fili batun ciniki ne ya kawo shi, amma saƙon da ya ɗauko daga Sultan Ahmad al-Mansur shi ne Maroko da Ingila su haɗa ƙarfi su far wa Sifaniya. A wasiƙar da ta biyo baya, al-Mansur har shawara ya ba Sarauniya Elizabeth ta Farko cewa su ƙwace yankunan da Sifaniya ta mallaka a nahiyar Amurka. Dukansu biyu sun rasu a 1603, shirin bai tabbata ba.

Irin wannan mu'amala ta Musulmi da Turai ta zama fagen gardama tsakanin masana. A 1982 Bernard Lewis ya fitar da The Muslim Discovery of Europe, inda ya nuna cewa Musulmi ba su damu da sanin Turai ba sai da ta fi ƙarfinsu. Nabil Matar ya ƙalubalanci wannan ra'ayi da hujjoji daga rubuce-rubucen Larabci. A littafinsa In the Lands of the Christians na 2003 ya fassara labaran matafiya irin su Ahmad al-Hajari, wanda ya je Faransa da Holan wajen 1611, ya yi muhawara da malaman Kirista, da kuma al-Gassani, jakadan Maroko a Sifaniya a 1690. A ganina Matar ya fi gaskiya, domin Lewis ya auna sha'awar ilimi da ma'aunin Turai, ya ɗauki ƙarancin littattafan da aka buga a matsayin ƙarancin sani. Daga baya Jerry Brotton ya kai labarin ga gama-garin masu karatu da This Orient Isle a 2016.

Abin da waɗannan littattafai suka tabbatar shi ne buƙata ce ta haɗa ƙawancen Ingila da Maroko. Fafaroma Pius na Biyar ya kori Elizabeth daga cocin Katolika a 1570, ta rasa abokai a Turai. A 1578 Maroko ta karya rundunar Fotugal a yaƙin Wadil Makhazin, Sarki Sebastian ya mutu, kuma cikin shekara biyu Sarki Philip na Biyu na Sifaniya ya haɗiye Fotugal. Maƙiyi ya zama ɗaya. Ingila ta samu izinin ciniki daga Sultan Murad na Uku na Turkawa a 1580, tana kai masa kuza da dalma, sannan ta kafa kamfanin ciniki da Maroko a 1585. Yadi da katako da kayan yaƙi suna gangarowa kudu, sukari da gishirin da ake haɗa albarushi da shi suna hawa arewa.

Sai dai cibiyar labarin a kullum Landan ce, kuma nan ne mai karatu daga Afirka ta Yamma ya kamata ya tsaya. Sarkin da ya aika jakada Ingila shi ne ya tura Judar Basha, haifaffen Sifaniya, da mayaƙa kusan 4,000, da yawansu masu bindigogi, suka ƙetare Sahara, suka karya Askiya Ishaƙ na Biyu, sarkin Songhai, a Tondibi a 1591. Daular Songhai ta Musulmi ce, kuma zinariyarta ta ƙara wa al-Mansur kwarjini a idon Turawa, har ake masa laƙabi da al-Zahabi. A 1593 aka kama malaman Tambutu, aka kai ɗaya daga cikinsu, Ahmad Baba, Marrakush a ɗaure, aka wawushe ɗakin karatunsa, bai koma gida ba sai wajen 1608. Tun kafin wannan, a 1582, jakadan Mai Idris Alooma na Borno ya je Maroko neman bindigogi da sojoji, al-Mansur ya gindaya sharaɗin a yi masa mubaya'a a matsayin halifa. Da Kirista ya yi ciniki kamar tsara da tsara, daga Musulmin kudu kuwa biyayya ya nema.

Wannan ne ya sa raba duniya gida biyu, Musulmi a nan Turawa a can, ba ya bayyana abin da ya faru. Lewis ya ga jahilci a tsakanin gidajen biyu, Matar da Brotton sun ga mu'amala, amma duk ma'aunin ɗaya ne, kuma Songhai ba ta da mazauni a cikinsa. Wanda ya fi kusantar cikakken hoto shi ne mai karanta al-Fishtali, marubucin fadar al-Mansur da ya kira mamayar Songhai haɗa kan al'umma ƙarƙashin halifa, tare da Tarikhus Sudan na al-Sa'adi, ɗan Tambutu da ya rubuta yadda tsaro ya koma tsoro bayanta. John Hunwick ya fassara babban ɓangaren littafin al-Sa'adi a 1999, shekarar da Matar ya buga Turks, Moors and Englishmen in the Age of Discovery. Littattafan biyu sun ratsa zamanin sarki guda, amma da wuya a ga an ɗora su kan tebur ɗaya.