Ƙawanyar Teku Da Dokokinta

Yaran Birnin Kudu da na Gwaram da yawa sun ji labarin zamanin Ningawa daga bakin tsofaffi. A cikin ƙarni na 19, tun ba zamanin Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi ba, wanda ya hau gado a 1855, mayaƙan Ningi su kan fito daga duwatsunsu su auka wa ƙasar Kano ta kudu. Da an ji kururuwa sai kowa ya koro dabbobinsa ya shige ganuwa, a rufe ƙofa. To, ganuwa ta kan tsare mutum daga mashi, amma fa gona tana waje. Muddin mahara suna kewaye, ba mai fita noma, ba falken da zai shigo da gishiri, sai abin da ke cikin rumbu. Wannan shi ne yi wa gari ƙawanya.

Irin wannan dabara ce manyan ƙasashe ke yi wa junansu a bisa teku. Sai mai ƙarfi ya jera jiragen yaƙinsa a bakin tashoshin abokin gaba, ya hana shiga, ya hana fita. Sai dai akwai bambanci guda. Teku hanyar kowa ce, jiragen da a ke tsarewa kuwa galibi na 'yan ba-ruwanmu ne, watau ƙasashen da ba su cikin yaƙin. Kukan waɗannan attajirai shi ya haifi dokar, ba kukan talakan da aka tsare ba.

A 1806 Nafoliyon na Faransa ya yi shela cewa ya tsare Ingila duka, alhali kuwa an riga an farfasa masa jiragen yaƙi a shekarar da ta gabata. Ingilishi su ma suka mayar masa da tasu shelar a 1807. Aka shiga kama jiragen bayin Allah bisa hujjar takarda kurum. Saboda haka bayan yaƙin Kirimiya manyan ƙasashen Turai suka taru a Faris a 1856, suka ƙulla alkawari: ba a lissafa ƙawanya sai in akwai jiragen yaƙi isassu waɗanda lalle za su iya hana kusantar gaɓar. Suka kuma yarda kada a taɓa kayan abokin gaba da ke cikin jirgin ɗan ba-ruwanmu, sai fa in kayan yaƙi ne. A bisa al'ada kuma, jirgin da aka kama ba a rabe shi nan take, sai an kai shi gaban kotun ganima, alƙali ya duba.

Wataƙila wani yaro ya ce, mu da ba mu taɓa ganin teku ba, ina ruwanmu? To, ku biyo mu a hankali. A watan Afrilu na 1861, sa'ad da Amurka ta rabu biyu, Shugaba Linkon ya sa aka tsare tashoshin jihohin kudu. Daga can mafi yawan audugar da masaƙun Lankasha na Ingila ke sarrafawa ta ke fitowa. Auduga ta yanke, aka rufe masaƙu, dubban ma'aikata suka koma cin sadaka. Masu masaƙun nan ba su manta da wannan wuya ba. Da auduga ta sake yin tsada, a 1902 suka kafa ƙungiyar neman wuraren noman auduga cikin ƙasashen da Ingila ke mulki, idonsu kuwa ya faɗa kan ƙasar Hausa, inda a ke noma da saƙa tun kaka da kakanni. Kwaɗayin audugar nan yana cikin manyan dalilan da suka sa aka ja hanyar jirgin ƙasa har ta iso Kano a 1911.

Abin dariya, manomanmu suka yi nasu lissafi. Auduga tana da masu saye a gida, masaƙan Kano sun fi Bature biya. Gyaɗa kuwa ta fi riba, in kasuwa ta faɗi ma a ci abinta. Sai suka dukufa kan gyaɗa, har a 1913 abin da aka fitar ya kai wajen tan 19,000. Tun daga ran nan kuɗin harajin manomin ƙasar Kano ya rataya ga jirgin ruwan da ke tsaye a Ikko.

Ba a daɗe ba aka ga ƙarshen hanin da alkawarin Faris ya ke iya yi. Da yaƙi ya tashi a 1914, Ingila ta datse wa Jamus hanyar teku, sannu a hankali ta sa har abinci cikin jerin haramtattun kaya. An dai rubuta wasu ƙa'idodi a Landan a 1909 don rarrabe kaya, amma ba su zama doka ba, gama Ingila ba ta tabbatar da su ba. Jamus ta rama da jiragenta masu tafiya ƙarƙashin ruwa, suna nutsar da jiragen ciniki ba gargaɗi. Aka daina harbi a Nuwamba 1918, amma ba a ɗage ƙawanyar ba sai Yuli 1919. Gwamnatin Jamus ta ce mutum 763,000 suka mutu don yunwa da cututtukan da ke biye da ita. Masu bincike na baya sun rage adadin zuwa wajen 424,000. Ko wanne aka ɗauka, ba sojoji ba ne.

A Yaƙin Hitila kuwa abin ya taɓa tukunyarmu. Jiragen Jamus suna farautar jiragen ciniki a tekun Afirka ta Yamma, gishirin kanti da yadi suka yi wuya a Nijeriya. Bayan faɗuwar Faransa a 1940, masu mulkin Nijar suka bi gwamnatin da ta yi sulhu da Jamus, aka rufe iyaka har ƙarshen 1942. Maraɗi da Katsina, 'yan uwan juna, ciniki tsakaninsu ya koma na dare.

Mafi ɗaci shi ne wanda ya auku cikin gidanmu, bai kuwa kamata mu ɓoye muku shi ba. Da aka yi shelar Biyafara ran 30 ga Mayu 1967, Gwamnatin Tarayya ta tsare gaɓar Gabas da jiragen yaƙi. Aka ci Boni a Yuli 1967, aka ci Fatakwal a Mayu 1968, Biyafara ta rasa ƙofar teku. Mutanen can sun dogara ga busasshen kifin da a ke kawowa daga Nowe, da gishiri. Duka suka yanke. Yara suka kumbura da ciwon yunwa. Jiragen sama na taimako su kan sauka da dare a Uli, bisa wani titin mota da aka mayar filin jirgi, ɓangarorin biyu kuwa suna ta gardama kan hanyar da abinci zai bi da wanda zai bincika shi. Kafin yaƙi ya ƙare a Janairu 1970, waɗanda yunwa ta kashe sun kai ɗaruruwan dubbai, waɗansu ma sun ce sun zarce miliyan.

Shekara 121 bayan taron Faris, watau a 1977, aka yi ƙari ga alkawuran Janeba, aka rubuta a fili cewa haramun ne a mai da yunwar farar hula makamin yaƙi, ko tsakanin ƙasa da ƙasa, ko yaƙin basasa. A ganinmu an makara ƙwarai. Sa'an nan a 1994 masana shari'a da hafsoshin ruwa suka kammala wani littafi mai ɗauke da sunan garin San Remo na Italiya. A ciki an ce sai a yi shelar ƙawanya, a faɗi ranar farawa da iyakar wurin, a kuma yi wa jiragen kowace ƙasa hukunci ɗaya. An hana ta in nufinta kurum kashe jama'a da yunwa ne, ko in cutar da za ta yi musu ta rinjayi amfaninta ga yaƙi. In kuwa abinci ya gaza wa mutanen da aka tsare, wajibi ne mai ƙawanya ya bar shi ya wuce, amma yana da ikon bincika kayan, ya kuma sa sharaɗi a ba wani amintacce, kamar ƙungiyar Red Cross, ya lura da rabon. Littafin nan ba alkawari ba ne da ƙasashe suka sa wa hannu, amma rundunonin ruwa da dama sun ɗauki ƙa'idodinsa sun sa cikin littattafan da su ke koya wa hafsoshinsu.